Alhassan Ɗantata da Basasar Kano: Abin da Bebeji ta Biya

Duk lokacin da aka ambaci sunan Alhaji Alhassan Ɗantata a Arewa, abubuwa biyu ne ke fara faɗo wa mutane a rai, wato dalar gyaɗa wadda ta yi wa Kano suna a duniya, da kuma raƙuma 20 da suka yi dakon kuɗinsa na azurfa zuwa banki a shekarar 1929. Labarai ne masu daɗin ji, shi ya sa ba a gajiya da maimaita su a taron lacca da shafukan jarida. Amma akwai wani babi na rayuwarsa da ba kasafai ake tsayawa a kansa ba, shi ne na shekarun 1893 zuwa 1895, sa'ad da yake saurayi a garin Bebeji, 'ya'yan sarautar Kano suka raba ƙasar gida biyu, aka ƙwace dukiyar danginsa, shi kansa aka kama shi sai da ya biya fansa.

A nawa ganin, wanda bai san wannan babi ba bai gama sanin mutumin ba. Haka kuma wanda ya karanta tarihin Basasar Kano daga bakin fada kaɗai, ya ji rabin labari ne. Sauran rabin yana garuruwa irin su Bebeji, inda ba a nemi shawarar kowa ba kafin a zaro takobi, amma da aka zo biyan kuɗin yaƙi sai aka ƙwanƙwasa ƙofarsu. Wannan rabin nake so mu duba a yau, ta hanyar bin rayuwar wannan bawan Allah.

Bebeji kafin yaƙi

Mai karatu na yau da ya san Bebeji a matsayin ƙaramar hukuma a kudancin Jihar Kano, zai yi wuya ya kwatanta matsayinta a ƙarni na 19. Gari ne mai ganuwa da ke kan babbar hanyar da ta haɗa Kano da Zariya, wadda ayarin fatake ke bi su gangara Nupe, su haye Kwara, su nufi Gwanja sayo goro. Baturen nan matafiyi, Kyaftin Clapperton, ya ratsa garin a 1826 a kan hanyarsa ta zuwa Kano, ya kuma bayyana shi a matsayin babban gari mai dubban mazauna waɗanda fatauci ne sana'arsu. Madugai na tara ayari a nan, ana ɗaura wa jakuna da alfadarai kayan saƙa da rini da kanwa da fata, a yi watanni a hanya, a komo da goro a wagage.

Daga cikin masu riƙe da wannan fatauci akwai Agalawa, waɗanda asalinsu ya gangaro daga arewa, daga ƙasashen Buzaye, suka zauna a ƙasar Katsina da Kano har suka zama Hausawa a harshe da al'ada. Masanin tarihi Paul Lovejoy, wanda ya rubuta littafi sukutum a kan fataucin goro, ya lissafa su tare da Tokarawa da Kambarin Barebari a matsayin manyan rukunoni uku da suka mamaye wannan hanya. Agalawa ba masu sarauta ba ne, kuma ba su da hannu a zaɓen sarki. Ƙarfinsu shi ne jari, da auratayya a tsakaninsu, da yarda da juna wadda ke sa mutum ya ba ɗan'uwansa kaya a Kano ya karɓi kuɗinsa bayan shekara.

Kudancin Kano kuwa, tun kafin Basasa, ba wurin barci da ido biyu rufe ba ne. Daga Rano zuwa Tudun Wada har dajin da muke kira Falgore a yau, mutane sun shafe shekaru da dama suna fama da harin Ningawa, waɗanda kan fito daga duwatsu su kwashi mutane da dabbobi su koma. Saboda haka ne Sarkin Kano Abdullahi Maje Karofi ya mai da hankali ƙwarai a kan tsaron wannan shiyya, har ya riƙa zama a Takai. Talakan kudu ya saba da ganin maƙiyi ya zo daga bayan dutse. Abin da bai saba da shi ba shi ne rundunar da za ta zo daga cikin gidan sarautar da yake biya wa haraji.

Maraya a hannun Tata

A cikin wannan gari aka haifi Alhassan a shekarar 1877. Kakansa, wanda aka fi sani da Baba Talatin, shi ne ya taso da iyalin daga ƙasar Katsina ya zauna a Madobi. Mahaifinsa Abdullahi, wanda shi ma bafatake ne, ya koma Bebeji domin ta fi kusa da bakin harkar ayari. Mahaifiyarsa, wadda ake kira Amarya, ita ma 'yar kasuwa ce mai jarin kanta.

Abdullahi ya rasu a wajajen 1885, Alhassan yana da kimanin shekara takwas. Bayan rasuwar, mahaifiyar ta tafi birnin Akra, wanda fatakenmu ke kira Ankara, a ƙasar Gana ta yau, ta bar yaran a hannun wata dattijuwa baiwar gidan mai suna Tata. Wannan tsohuwa ita ta rene shi, kuma daga sunanta aka sami laƙabin Ɗantata. Ya kamata mu ɗan tsaya a nan, domin sunan da ya fi kowane suna nauyi a tarihin kasuwancin Arewa ba na sarki ba ne, ba na madugu ba, sunan wata baiwa ce a Bebeji wadda ta riƙe amanar marayu.

Ya yi karatun allo a garin, yana haɗawa da 'yan ƙananan sana'o'i domin ya ci da kansa, kamar yadda almajiran zamanin suke yi. Masu ba da tarihinsa sun dace a kan cewa tun a lokacin ya koyi tattali da ajiya. Da ya kai wajen shekara 15 sai ya bi ayarin Gwanja domin ya ga mahaifiyarsa, ya sayi 'yan kaya a Bebeji, ya sayar da wasu a hanya, ya ƙarasa da sauran Akra. Bayan ya zauna na wani lokaci sai ya komo gida. Ashe ya komo ne a daidai lokacin da hadari ke haɗuwa a kan Kano.

Yadda gida ya rabu

Tushen Basasa yana cikin gidan Sarkin Kano Ibrahim Dabo, wanda ya yi mulki daga 1819 zuwa 1846. 'Ya'yansa uku ne suka gaje shi bi da bi: Usman, sai Abdullahi Maje Karofi wanda ya hau a 1855 ya yi kusan shekara talatin, sai Muhammadu Bello. Abdullahi ya bar 'ya'ya masu yawan gaske, da yawansu riƙe da sarautu da garuruwa. Da Bello ya hau, sai ya shiga tuɓe 'ya'yan wansa daga muƙamansu yana naɗa nasa, ya kuma ɗaukaka ɗansa Tukur zuwa sarautar Galadima, alamar cewa shi yake so ya gaje shi. Babban wanda 'ya'yan Abdullahi suka taru a bayansa shi ne Yusufu, wanda shi ma ya taɓa riƙe sarautar Galadima a zamanin mahaifinsa.

Bello ya rasu a ƙarshen 1893. Sarkin Musulmi na lokacin, Abdurrahman, wanda ake yi wa laƙabi da Ɗanyen Kasko, yana ganin girman Tukur saboda jaruntakar da ya nuna a yaƙin Argungu, don haka ya ba da umarnin a naɗa shi. Wazirin Sakkwato Buhari, wanda yake Kano a lokacin, ya san ba nan ra'ayin akasarin manyan gari ya karkata ba, amma ya zartar da umarnin ubangidansa. Yusufu da 'yan'uwansa da bayin sarki masu yawa suka fice daga birni suka tafi Takai, garin da mahaifinsu ya raya. Daga ranar ƙasar Kano ta kasu, ko dai kai Batukure ne, ko kuwa Bayusufe.

Yusufawa sun fara kawo wa birni hari ba su yi nasara ba, sai suka koma suna cin garuruwan gabas da kudu ɗaya bayan ɗaya, suka kuma sami taimakon Gumel. A cikin birni Tukur ya tsananta wa duk wanda aka zarga da bin Yusufu, abin da ya ƙara kore masa zukatan jama'a. Yusufu ya rasu a Garko a 1894 tun bai ga ƙarshen al'amarin ba, jama'arsa suka miƙa ragama ga ƙanensa Aliyu, wanda muka fi sani da Alu, musamman da yake mahaifiyarsa 'yar gidan Sarkin Musulmi ce, ana sa ran hakan zai sassauta fushin Sakkwato. A damunar 1894 Alu ya shiga Kano da yaƙi. Tukur ya fita ya nufi iyakar Katsina, aka ci gaba da gwabzawa har aka kashe shi a Tafashiya a watan Maris na 1895.

Wannan shi ne labarin kamar yadda ake ba da shi a taƙaice, kuma Dokta Adamu Fika ya yi masa cikakken nazari a littafinsa na 1978 a kan Basasa da mulkin Turawa. Sai dai tsakanin fitar Yusufu da faɗuwar Tukur akwai wata goma sha wani abu, waɗanda a cikinsu kowane mai gari a ƙasar Kano ya kwana da tambaya guda: idan runduna ta tsaya a bakin ƙofa gobe, a buɗe ko a rufe? Idan ya buɗe, ya saɓa wa sarkin da Sarkin Musulmi ya naɗa. Idan ya rufe, ya jawo wa talakawansa wuta da bauta. Kowace amsa ya bayar, akwai wanda zai tuna masa da ita in ƙura ta lafa.

Me ya kai fatake cikin rigimar 'ya'yan sarki?

Agalawa sun karkata ga Tukur. Mutum na iya tambaya, me ya haɗa mai jaki da waga da rigimar gadon sarauta? Ni dai abin da na fahimta shi ne, bafatake ba ya iya zama ba shi da ɓangare, domin dukiyarsa a fili take, a kan hanya. Ayarin da zai tashi daga ƙasar Kano ya ratsa Zazzau da Nupe, yana tafiya ne a ƙarƙashin inuwar daular Sakkwato, kuma amincin hanyarsa ya dogara ga zaman lafiya da sarkin da daular ta sani. Tukur shi ne mai takardar naɗi, shi ne a cikin Gidan Rumfa, mahaifinsa ne ya yi shekara goma yana hulɗa da attajirai. A lissafin ɗan kasuwa, tsayawa tare da wanda ke kan gado shi ne abin da hankali zai ɗauka. Lissafin bai fita ba, kuma ba su ne na farko ko na ƙarshe da irin wannan lissafi ya kayar ba.

Abin da ya ƙara wa al'amarin muni shi ne, ɗaya ƙarshen hanyar ma wuta ta riga ta kama. A 1892, shekara guda kafin rasuwar Bello, yaƙin basasa ya ɓarke tsakanin masu sarautar Gwanja, ya watsa Salaga, kasuwar da ta fi kowace girma a cinikin goro, inda Hausawa suka yi unguwanni da masallatai. Fatake suka tarwatse zuwa Kete Karachi da sauran garuruwa har bakin teku. Wato a cikin shekara uku, hanyar da ta ciyar da Bebeji tsawon zamani ta ƙone ta kai da ta gindi, kuma a duka wuraren biyu rigimar gadon sarauta ce sanadi.

Da Yusufawa suka yi rinjaye, sai aka bi waɗanda suka goyi bayan Tukur. An tuɓe masu sarauta an naɗa waɗanda suka sha wuyar Takai, an ƙwace gidaje da gonaki an raba wa mayaƙa. Agalawa na daga cikin waɗanda abin ya faɗa wa, aka kwashe dukiyarsu, aka kama da yawa daga cikinsu. Alhassan da 'yan'uwansa suna cikin waɗanda aka tsare, da sharaɗin ko su biya fansa ko a mai da su bayi. Sun biya, sun fita, amma ya koma fatauci ba tare da gonakin gidansu ba.

Jama'a, mu dubi wannan da idon basira. Saurayi ne Musulmi, ɗan Musulmi, wanda ya yi karatun allo, a cikin daular da ɗaya daga cikin koke-koken waɗanda suka kafa ta shi ne yadda sarakunan Haɓe ke bautar da 'ya'ya Musulmi. Shekara casa'in bayan jihadin Shehu Usmanu, jikokin masu tuta ne ke sanya wa ɗan Musulmi kuɗin fansa saboda danginsa sun bi sarkin da Sakkwato ta naɗa. Ban kawo wannan don in ci zarafin wani gida ba, domin ɓangarorin biyu duk sun yi abin da yaƙi ke sa mutane su yi. Na kawo shi ne don mu ga cewa idan rigimar mulki ta yi zafi, ƙa'idar da aka gina mulkin a kanta ita ce ke fara ƙonewa, kuma wanda ba shi da kowa a fada shi ke fara jin zafin.

Hanyar ruwa da hanyar ƙarfe

Mutum biyu za su iya fita daga irin wannan masifa, ɗaya ya ƙare rayuwarsa yana lissafin abin da aka ƙwace masa, ɗayan ya nemi wata ƙofa. Alhassan ya kasance na biyun. Tun da tsohuwar hanyar Gwanja ta lalace, sai ya juya ga hanyar kudu ta Badun da Ikko, yana amfani da sanin bakin teku da ya samu a tafiyarsa ta farko. Maimakon jakuna su yi wata da watanni suna ratsa daji ana biyan kuɗin fito a kowane kogi, sai ya riƙa tara goro daga Kumasi, a fito da shi Sekondi ko Akra, a ɗora a jirgin ruwa zuwa Ikko. Yana cikin Hausawan farko da suka mai da wannan hanya abin dogaro. Daga baya ya faɗaɗa zuwa cinikin duwatsun ado da tufafin Turawa.

Ana cikin haka sai wata ƙaddarar ta sake sauka a kan Bebeji. A ƙarshen Janairun 1903 rundunar Turawan Ingila ƙarƙashin Kanar Morland ta taso daga Zariya ta nufi Kano, alhali Sarki Alu yana can ƙasar Sakkwato. Garin farko da ya rufe musu ƙofa shi ne Bebeji. Turawa suka harba igwa a kan ƙofar, Sarkin Bebeji ya rasu a nan tare da wasu daga cikin mutanensa, aka wuce, Kano ta faɗi ran 3 ga Fabrairu. Abin lura a nan shi ne, garin da aka hukunta fatakensa saboda ƙin bin Yusufawa, shi ne kuma ya fara ba da jini wajen kare gadon da Alu ke kai, shekara takwas kacal bayan Tafashiya. Shi kuwa Alu, Turawa sun kama shi sun kai shi Yola, daga nan Lakwaja, inda ya rasu a 1926. An naɗa ɗan'uwansa Abbas, kuma daga zuriyar Abdullahi Maje Karofi sarakunan Kano suka ci gaba da fitowa.

Abin da igwa ba ta ƙarasa ba, jirgin ƙasa ya ƙarasa. Layin dogo ya iso Kano a 1911, aka buɗe shi ga 'yan kasuwa a 1912, kuma ya bi ta Dangora da Madobi ne, ya bar Bebeji a gefe. Garin da arzikinsa ya dogara ga saukar ayari ya wayi gari babu ayarin. Manyan fatake suka bi kasuwa zuwa inda ta koma. Alhassan shi ma ya tattara ya zauna a birnin Kano, a shiyyar Koki da Sarari, inda gidansa ya kafu har yau ake danganta unguwar da zuriyarsa.

Gyaɗa da abin da ya biyo baya

Turawa sun shimfiɗa dogo ne da fatan audugar Arewa za ta ciyar da masaƙun Ingila, sai manoman Kano suka duba farashi suka zaɓi gyaɗa. Kamfanonin Turawa ba su san ƙauyuka ba, ba su jin harshe, ba su san wanda za a ba bashi ya dawo da shi ba. Waɗanda suka san wannan su ne tsofaffin fataken goro, irin su Umaru Sharubutu Koki da Maikano Agogo, waɗanda suka riga Alhassan shiga harkar. A 1918 Kamfanin Neja, wanda daga baya ya narke cikin UAC, ya nemi Alhassan ya riƙa saya masa gyaɗa.

Dabarar da ya bi ita ce wadda ya gada daga ayari. Yakan ba yaransa da wakilansa jari tun kafin kaka, su bazu ƙauyuka su ƙulla da manoma, in an girbe a auna a kawo. Babu wata takarda mai ƙarfi tsakaninsu da ta wuce amana da sanin asalin juna. Cikin 'yan shekaru ya wuce waɗanda suka riga shi, har ya zama attajirin da ya fi kowa a Kano tun a shekarun 1920. Da Bankin BBWA ya buɗe reshe a Kano a 1929 ne aka yi labarin raƙuman nan 20, kuma a shekarun 1940 ana lissafa shi a matsayin wanda ya fi kowane ɗan ƙasa dukiya a Afirka ta Yamma. Ya sauke farali tun a farkon shekarun 1920, ya kuma biya wa mutane da yawa kujerar Makka. Duk da wannan dukiya an san shi da sauƙin rayuwa da ƙin almubazzaranci.

Abin da ya fi jan hankalina a wannan zango na rayuwarsa shi ne yadda ya zauna da masu mulki. Sarakunan da ya yi zamani da su a birni, Abbas da Usman da Abdullahi Bayero da Muhammadu Sanusi, duk 'yan gidan da ya ci yaƙin da aka kama shi a cikinsa ne. Bai ɗauki gaba da su ba, bai kuma nemi rawani ba. Ya yi hulɗa da fada da Turawa gwargwadon abin da kasuwancinsa ke buƙata, har a shekarunsa na ƙarshe ya zauna a majalisar Sarkin Kano a matsayin muryar 'yan kasuwa. Yaron da aka sanya wa kuɗin fansa a matsayin Batukure ya ƙare yana ba 'ya'yan Yusufawa shawara. A fahimtata, Basasa ta koya masa cewa gona da gida ana iya ƙwace su da umarni guda, amma sanin hanya da amincewar mutane ba mai iya sa musu hannu, don haka a nan ya zuba ƙarfinsa.

Wasiyyar wanda ya ga rabuwar gida

Da ciwon ajali ya kama shi a 1955, ya tara 'ya'yansa da manyan ma'aikatansa ya yi musu wasiyya. Jigon wasiyyar shi ne su zauna tare, su riƙe zumunci, kada su bari kamfanin da ya kafa ya wargaje bayan ransa. Ya rasu ran 17 ga Agusta, 1955, aka binne shi a gidansa da ke Sarari. 'Ya'yansa, musamman Ahmadu da Sanusi da Aminu, suka ci gaba da harkar, kuma Aliko Ɗangote tattaɓa-kunnensa ne ta wajen Sanusi. Alhaji Aminu ya rasu a watan Yunin 2025, aka binne shi a Madina.

Kowane uba na iya yi wa 'ya'yansa wasiyyar haɗin kai. Amma idan ta fito daga bakin wanda ya ga abin da ya faru da jikokin Dabo, ya kuma biya kuɗin rabuwarsu daga aljihunsa tun yana ɗan shekara goma sha bakwai, nauyinta daban ne. Ya san gidan da ya fi nasa girma da ƙarfi ya tsage a kan gado, ya kuma san cewa tsagewar ba ta tsaya a kan masu gidan ba.

Abin da ya rage mana

Ba na cikin masu cewa tarihi na maimaita kansa daidai wa daida. Kano ta yau tana da kotuna da majalisa da tsarin mulki, ba a kuma kama mutum a sa masa fansa saboda sarkin da ya bi. Amma duk wanda ya ga abin da ya faru a 2019, lokacin da aka raba masarautar Kano gida biyar aka rarraba ƙananan hukumomin kudu tsakanin sababbin masarautu, da kuma 2024 da aka soke wannan doka, ya san cewa tsohuwar tambayar nan ta mai gari ba ta mutu ba. Hakimai da dagatai da masu unguwanni sun sake samun kansu suna auna inda za su kai gaisuwa, suna sane da cewa za a tuna musu. Ba ina yanke hukunci a kan wane ne mai gaskiya ba ne. Ina tunatar da masu yanke shawara a birni ne cewa kowane sa hannu da suka yi yana da wanda zai biya shi a Bebeji da Kiru da Tudun Wada da Doguwa, kuma galibi ba a tambaye shi ba.

Abu na biyu ya shafe mu ne mu 'yan boko. Mun san abin da ya sami Alhassan a Basasa ne kawai saboda ya zama Ɗantata, masu bincike suka bi sawunsa. Sauran waɗanda aka kama tare da shi, da waɗanda ba su sami kuɗin fansa ba, da matan da aka raba da 'ya'yansu, labarinsu yana bakin tsofaffi ne a zaurukan waɗannan garuruwa, kuma kowace shekara masu riƙe da shi raguwa suke yi. Muna da sassan nazarin tarihi a Jami'ar Bayero da sauran manyan makarantun jihar, muna da 'ya'yan yankin da suka yi digiri har da digirgir, muna da attajiran da kakanninsu suka fito daga waɗannan zangunan fatake. Ba abu ne mai wuya ba a ɗauki nauyin ɗalibai su zauna da dattawan kowane gari, su rubuta wane ɓangare garin ya bi, me ya same shi, su wa aka tuɓe, su wa suka yi ƙaura. A kuma kula da abin da ya saura na ganuwa da ƙofofin Bebeji, inda aka fara tarar Turawa a ƙasar Kano.

Hausawa na cewa idan giwaye na faɗa ciyawa ce ke shan wahala. Alhassan Ɗantata ciyawa ce da aka tattake ta sake tofowa har ta zama inuwa, amma dubbai irinsa ba su tofo ba, kuma su ma suna da hakkin a san da su. Allah Ya jiƙansa, Ya jiƙan Tata da ta rene shi, Ya gafarta wa Tukurawa da Yusufawa baki ɗaya, Ya kuma kiyashe mu da ganin irin wannan rana a ƙasarmu. Amin.